Igiyar da ta ratsa Zauro ba wanda ya ji: yadda aka gano karon baƙaƙen ramuka

Ranar Litinin 14 ga Satumba, 2015, da ƙarfe 10:50 na safe agogon Najeriya, wani abu ya ratsa garin Zauro. Ya bi ta gonakin shinkafa na fadamar Rima, ya ratsa Birnin Kebbi da Argungu, ya ratsa katangu da motoci da jikin duk wanda ke raye a ranar, ya keta duniya baki ɗaya ya ci gaba da tafiyarsa. Babu kofin shayin da ya girgiza, babu wayar da ta ɗauke sabis. Amma a cikin wannan ɗan lokaci, kamar ƙiftawar ido, hanyar Birnin Kebbi zuwa Argungu ta ɗan ƙara tsawo, ta ɗan rage, sau da dama a jere.

Na'urori biyu ne kacal a duniya suka ji wucewarsa, dukansu a Amurka. Abin da suka ji igiya ce da ta taso daga karon wasu baƙaƙen ramuka biyu, karon da masana suka lissafa ya faru kimanin shekara biliyan 1.3 da suka wuce. Tambayar da duk mai hankali zai yi ita ce: ta yaya na'ura za ta ji abin da mutum bai ji ba, kuma ta yaya aka tabbatar ba ƙarar wata mota ko tsawa ta ɗauka ba?

Mene ne baƙin rami?

Duk abu mai nauyi yana jan na kusa da shi. Wannan ƙarfin janyowa, wanda masana ke kira girabiti, shi ke sa waya ta faɗi ƙasa idan ta kuɓuce daga hannu, shi kuma ke riƙe wata yana zagaya duniya. Idan wani ƙaton tauraro, wanda ya ninka rana nauyi sau da yawa, ya ƙare makamashinsa, tsakiyarsa kan rufta ta dunƙule a wuri ƙarami ƙwarai. Janyowar da ke wurin takan yi ƙarfin da ko haske, mai gudun kilomita 300,000 a sakan ɗaya, ba ya iya kuɓuta. Shi ake kira baƙin rami.

Sunan yana iya ruɗarwa, domin ba rami ba ne irin na rijiya. Nauyi ne mai yawa da aka cusa a ƙaramin wuri. Da za a matse duniyar nan, da duwatsunta da tekunanta, har ta zama baƙin rami, da faɗinta bai kai santimita biyu ba, kusan girman ɗan magarya.

Tunda ba ya fitar da haske, na'urar hangen nesa ba ta ganinsa kai tsaye. Masuncin Matan Fada ya san irin wannan matsala. Ba ya ganin giwan ruwa a ƙarƙashin ruwa mai laka, amma idan kifin ya juya, motsin ruwa kan tona asirinsa. Masana ma motsin suka nema.

Sararin da ke lanƙwasa

A watan Nuwamba na 1915 Albert Einstein ya fitar da sabon bayani kan girabiti. A wurinsa, sarari da lokaci tamkar saƙa ɗaya ce, kuma nauyi yana lanƙwasa ta. A ɗauki ragar kamun kifi, mutum huɗu su ja ta sosai, a ajiye kankana a tsakiya. Ragar za ta lotsa. Idan aka gangaro da lemon tsami a gefe, ba zai tafi miƙe ba, zai karkata wajen kankanar. Misalin bai cika cif ba, domin sarari ba shimfiɗa ce mai fuska ɗaya ba, amma yana nuna manufar.

Ɗaya daga cikin wuraren da aka fara gwada wannan magana yana kudu da gaɓar tekun Najeriya. Ranar 29 ga Mayu, 1919, masanin taurari ɗan Ingila Arthur Eddington ya je tsibirin Principe da ke mashigin tekun Gini ya ɗauki hoton kusufin rana, wata tawagar kuma ta yi haka a Sobral ta ƙasar Brazil. Hotunan sun nuna hasken taurari yana karkacewa idan ya gifta kusa da rana, kamar yadda Einstein ya ce.

Yau wayar da ke aljihu tana dogara da wannan lissafi kullum. Taurarin ɗan'adam na GPS suna shawagi a nisan kusan kilomita 20,000 daga ƙasa, inda janyowa ta fi rauni, saboda haka agogonsu ya fi na ƙasa sauri. Idan aka cire jinkirin da gudunsu ke haifarwa, suna wuce agogon ƙasa da kashi 38 cikin miliyan na sakan a kowace rana. Da ba a gyara wannan bambanci, da kuskuren taswirar waya ya riƙa ƙaruwa da kimanin kilomita 10 a rana. Mai neman hanya a Google Maps cikin Birnin Kebbi, kafin mako ya ƙare, sai taswira ta kai shi bayan Argungu.

A 1916 Einstein ya ƙara gano wani abu. Idan abubuwa biyu masu nauyi suna zagaya juna, ragar ba lotsawa kawai take yi ba, girgiza take yi, girgizar kuma ta bazu ko'ina da gudun haske, kamar da'irorin da ke fita idan aka jefa dutse a tafki. Waɗannan su ne igiyoyin girabiti. Idan suka ratsa wuri, sukan miƙar da shi ta ɓangare ɗaya su matse shi ta ɗayan, sannan su juya.

Ƙanƙantar da ta wuce misali

Matsalar ita ce, kafin igiyar ta iso nan ta yi sanyi matuƙa. Idan aka jera ƙwayoyin zarra kusan miliyan goma, tsawonsu milimita ɗaya ne. A tsakiyar kowace zarra akwai furoton, wanda ya fi zarrar ƙanƙanta sau fiye da 50,000. Hanyar Birnin Kebbi zuwa Argungu, mai kimanin kilomita 50, canjin da ta samu a safiyar nan bai kai kashi ɗaya cikin 30 na faɗin furoton guda ba. Daidai yake da a auna nisan da ke tsakanin rana da tauraro mafi kusa da ita, tafiyar haske ta fiye da shekara huɗu, a gane ya ƙaru da kaurin silin gashi ɗaya.

Shi ya sa aka yi shekara ɗari ana nema. A 1969 Joseph Weber na Amurka ya ce ya ji igiyoyin da wasu manyan sandunan alminiyum, amma duk waɗanda suka maimaita gwajinsa ba su ga komai ba. A 1974 Russell Hulse da Joseph Taylor suka gano wasu taurari biyu da ke zagaya juna, aka kuma ga suna matsowa kusa a hankali daidai da yadda lissafi ya ce za su yi idan igiyoyin na kwashe musu ƙarfi. Wannan sawu ne aka gani, ba a ga mai sawun ba.

Yadda na'urar LIGO take aiki

LIGO cibiyoyi biyu ne: ɗaya a Livingston ta jihar Luwiziyana, ɗaya a Hanford ta jihar Washinton, tsakaninsu kusan kilomita 3,000. Kowace tana da siffar harafin L, da hannuwa biyu masu tsawon kilomita 4 kowanne. Hannuwan bututun ƙarfe ne da aka zuƙe iskar cikinsu kusan gaba ɗaya. Tsawonsu ya kai sai da magina suka yi la'akari da lanƙwasar doron ƙasa, wadda ta kai kimanin mita ɗaya daga wannan baki zuwa wancan.

A kusurwar L ɗin ana harba hasken leza, a raba shi biyu, rabi ya bi wannan hannu, rabi ya bi wancan. A kowane hannu akwai madubai masu nauyin kilo 40 da ke mayar da hasken, ya yi ta kai da komo sau kusan 300, ta yadda tafiyarsa kan zarce kilomita 1,000 kafin rabin biyu su sake haɗuwa.

Dabarar tana wurin haɗuwar. Haske ma igiya ne, yana da tudu da kwari. An saita na'urar yadda tudun wannan rabi zai faɗa kan kwarin wancan, su kashe juna, na'urar karɓar haske ta ga kusan duhu. Mai amfani da iyafis mai kashe hayaniya ya san wannan ko bai sani ba: iyafis ɗin yana sauraron ƙarar janareta ko ta mota, ya fitar da kishiyarta, biyun su shafe juna a kunne. To idan igiyar girabiti ta wuce, hannu ɗaya ya ɗan yi tsawo ɗayan ya ɗan gajarce, sai daidaiton ya lalace, ɗan haske ya ɓullo. Wannan walƙiyar hasken ita kwamfuta ke rubutawa.

Babban abokin gaba: hayaniya

Na'urar da ke jin motsi ƙasa da faɗin furoton tana jin komai. Tana jin manyan motoci, tana jin igiyar teku na dukan gaɓa daga nesa, tana jin girgizar ƙasa a wata nahiya. A Livingston, masu sare itatuwa a dazukan kusa sun daɗe suna damun ta. A Hanford an taɓa samun wata ƙara da ta ɗaure wa masana kai, da aka bincika sai aka tarar hankaki ne masu ƙishirwa ke caccakar ƙanƙarar da ta taru a jikin wani bututu mai sanyi.

Don rage wannan, kowane madubi yana rataye ne a lilo mai hawa huɗu, hawan ƙarshe kuwa zaren gilashi ne da bai kai rabin milimita kauri ba. Kowane hawa yana shanye wani kaso na girgizar ƙasa kafin ta kai ga madubin. Ban da haka akwai dubban ƙananan na'urori da ke lura da motsin ƙasa, sauti, maganaɗisu da wutar lantarki a kewayen cibiyar. LIGO ta farko ta yi aiki daga 2002 zuwa 2010 ba ta ji komai ba. Aka rufe ta, aka yi shekaru ana sabunta ta, aka sake kunnawa a 2015.

Safiyar 14 ga Satumba

Ba a ma fara aikin saurare a hukumance ba, ana cikin gwajin ƙarshe, igiyar ta iso. Ta fara taɓa Livingston, bayan kashi 7 cikin 1,000 na sakan ta taɓa Hanford. Cikin kimanin minti uku wata manhaja ta tura sanarwa, kuma mutum na farko da ya duba ta shi ne Marco Drago, matashin masani ɗan Italiya da ke aiki a birnin Hanoba na Jamus.

Da farko an yi zaton gwaji ne. Shugabannin LIGO kan saka igiyar bogi a ɓoye don su ga ko ma'aikata za su gano ta. A 2010 sun yi haka, masana suka yi wata shida suna nazari har suka rubuta rahoto, sai a 2011 aka buɗe ambulan aka ce musu ta bogi ce. Saboda haka wannan karon sai da aka bi diddigi aka tabbatar ba wanda ya saka komai.

Hujja ta farko ita ce cibiyoyi biyun. Mota ko hankaka ba za su girgiza wurare biyu masu nisan kilomita 3,000 da salo iri ɗaya a lokaci guda ba. Haske na cin wannan nisa cikin kashi 10 cikin 1,000 na sakan, don haka duk igiyar gaskiya dole tazarar isowarta kada ta wuce haka. Ta ranar ba ta wuce ba. Agogon da cibiyoyin ke daidaita lokacinsu da shi kuwa na GPS ne, irin wanda wayoyi ke karɓa.

Hujja ta biyu siffar igiyar ce. Kamar yadda manhajar Shazam ke gane waƙa a cikin hayaniyar gidan biki saboda tana da tambarin waƙar a ajiye, masana sun riga sun lissafa siffofi kusan 250,000 na yadda karo daban-daban zai kasance bisa lissafin Einstein. Abin da aka ji ya hau kan ɗaya daga ciki daram.

Duk da haka sai da aka tuhumi tsawa. Tsawa mai ƙarfi tana aika girgizar maganaɗisu da kan zagaye duniya, wadda za ta iya taɓa cibiyoyi biyun kusan tare. Da aka duba bayanan tsawa na duniya, sai aka ga a cikin wannan sakan ɗin wata gagarumar tsawa ta faɗi a Burkina Faso, nan yammacin Afirka, inda damina ba ta ƙare ba tukuna. Aka auna tasirinta a na'urorin maganaɗisu na LIGO, aka ga ya gaza abin da zai iya haifar da alamar da aƙalla sau dubu. Aka wanke ta.

A ƙarshe aka lissafa cewa hayaniya zalla ba za ta ƙirƙiro irin wannan alama ba ko sau ɗaya a shekara 200,000. Sai ranar 11 ga Fabrairu, 2016, bayan wata biyar ana neman inda aka yi kuskure, aka sanar da duniya, a takarda mai ɗauke da sunayen masana fiye da 1,000. A zamanin da bidiyo ke zaga WhatsApp cikin minti goma ba a san tushensa ba, wannan jinkiri shi ne ya sa maganar ta tsaya. A 2017 aka ba Rainer Weiss da Barry Barish da Kip Thorne kyautar Nobel ta kimiyyar lissafin halittu, wato fiziks.

Abin da igiyar ta faɗa

Alamar duka ba ta wuce kashi ɗaya cikin biyar na sakan ba. Ta fara da girgiza sau 35 a sakan, ta hau zuwa sau 150 inda ta fi ƙarfi, sannan ta mutu. Wannan yana cikin iyakar abin da kunnen mutum ke ji, don haka idan aka mayar da ita sauti, sai a ji wani ɗan gurnani da ya haura sama ya yanke.

Daga sautin aka karanta nauyi. Tambari muryarsa ƙasa take, kalangu tasa sama. Haka manyan ramuka ke ba da girgiza mai kauri, ƙanana mai siriri, kuma saurin hawan sautin yana nuna nauyinsu. Ɗaya ya ninka rana nauyi sau 36, ɗayan sau 29. Ƙaramin faɗinsa kusan kilomita 170 ne, ya ɗan zarce tafiyar Birnin Kebbi zuwa Sakkwato. Dab da haɗuwa suna zagaya juna sau 75 a sakan, da gudun da ya kai rabin na haske.

Da suka haɗe sun zama rami ɗaya mai nauyin rana 62. Amma 36 da 29 ai 65 ne. Sauran ukun fa? Sun koma makamashi sun fita a matsayin igiya. A daidai ƙololuwar karon, ƙarfin da ya fita ya zarce hasken dukkan taurarin da ake iya hangowa idan aka haɗa su, kuma duk a cikin duhu. Da aka san ainihin ƙarfin igiyar a tushenta, aka gwada da raunin da ta iso da shi, sai aka fitar da nisan.

Daga karo ɗaya zuwa ɗaruruwa

A watan Agusta na 2017 na'urar Virgo da ke kusa da Pisa a Italiya ta shiga aikin. Cibiyoyi uku sun fi biyu iya nuna inda abu ya fito, kamar yadda waya ke buƙatar taurarin GPS da dama kafin ta san inda take. Ranar 17 ga wannan wata aka ji karon wasu taurari biyu masu matuƙar dunƙulewa, da ake kira taurarin niyutiron, a nisan tafiyar haske ta shekara miliyan 130. Bayan sakan 1.7 wani kumbon NASA mai suna Fermi ya ga walƙiyarsa. Cibiyoyin hangen nesa kusan 70 suka juya wajen, ciki har da SALT da ke Sutherland a Afirka ta Kudu. Hasken ya nuna ana ƙera ƙarafa masu nauyi a cikin tarkacen, abin da ya ƙarfafa ra'ayin cewa kaso mai yawa na zinaren duniya, har da wanda ake haƙowa a ƙasar Yauri, a irin wannan karo aka samar da shi tun kafin a yi rana.

Zuwa Maris na 2020 an tattara karo 90. Zuwa 2025, da aka cika shekara goma, adadin ya kai kusan 300, kuma KAGRA ta Japan, wadda aka gina a ƙarƙashin dutse, ta shiga ƙawancen. Ranar 23 ga Nuwamba, 2023 an ji karon da ya haifar da rami mai nauyin rana kusan 225. Indiya ta amince da gina tata LIGO a jihar Maharashtra, hukumar sararin samaniya ta Turai kuma ta amince da LISA, kumbo uku da za su yi shawagi da tazarar kilomita miliyan 2.5 tsakaninsu, ana sa ran harba su wajen 2035.

Abin da mai waya zai iya yi

Ba sai an je Amurka ba. Wanda ya rubuta GW150914 a YouTube zai ji sautin da kunnensa. Harufan na nufin igiyar girabiti, lambobin kuma shekara da wata da rana ne. Iyafis ya fi sifikar waya fitar da shi, saboda kaurinsa. Bayanan LIGO ma a buɗe suke kyauta a shafin GWOSC, don haka ɗalibin fiziks ko na kwamfuta a Jami'ar Tarayya ta Birnin Kebbi ko jami'ar jiha da ke Aliero, idan ya iya ɗan Python, zai iya sauke su ya zana igiyar da kansa.

Akwai kuma Gravity Spy a shafin Zooniverse, wanda ke buɗewa a burauzar waya. Ana nuna wa mai sa kai hoton wata ƙara da na'urar ta ɗauka, shi kuma ya zaɓi rukunin da ta dace da shi; akwai ma wadda aka laƙaba wa sunan kifi saboda siffarta. Da waɗannan amsoshi ake koya wa kwamfuta bambance hayaniya da igiyar gaskiya, aikin da har yanzu shi ne mafi wuya a wannan fanni.

A lokutan da na'urorin ke kunne, yanzu ana jin sabon karo kusan duk bayan kwana uku, kuma tun 2019 ana fitar da sanarwarsa a intanet cikin mintuna. Kowane ɗaya daga cikinsu sai da ya ratsa Zauro da gulbin Rima, a cikin sakan ɗin da ya taɓa madubban Livingston da Hanford.